Jussi Halla-aho: Masanin Harshe Mai Ɗacin Baki

Ranar 21 ga watan Yuni na shekara ta 2023, majalisar dokokin ƙasar Finlanda, mai kujeru 200, ta zaɓi Jussi Halla-aho ya zama shugabanta. A tsarin girmamawa na wannan ƙasa ta arewacin Turai, shugaban majalisa shi ne mutum na biyu bayan shugaban ƙasa, yana gaban firaminista. Shekara 11 kafin wannan rana, a watan Yuni na 2012, kotun ƙoli ta ƙasar ta sami mutumin nan da laifi biyu: keta alfarmar addini, da tunzura jama'a a kan wata ƙabila. Tsakanin ranar hukunci da ranar hawa kujera an sha neman ya barranta daga tsofaffin rubuce-rubucensa, ya ƙi. Duk da haka kujerar ta zo ta same shi inda yake tsaye.

Da a ce jahili ne mai ihu a bakin kasuwa, da labarinsa bai cancanci shafi a mujallar malamai ba, domin Turai ba ta rasa irin waɗannan ba. Abin da ya sa ya kamata malamin makaranta da ɗan ƙungiyar raya al'adu su tsaya su dube shi da kyau shi ne sana'arsa ta asali. Masanin harshe ne, mai digirin dakta, wanda ya share shekaru yana bin diddigin kalmomi. Ya kuma fito daga al'ummar da ta gina kanta a kan harshenta da makarantarta, wadda masu fafutukar raya harsunan gida suke yawan kafa misali da ita. Labarinsa hujja ce a kan masu zaton ilimi kaɗai yana wanke baki, da kuma masu zaton son harshen uwa ba ya taɓa rikiɗewa ya zama ƙin ɗan wani.

Daga ɗakin karatu zuwa fagen siyasa

An haifi Halla-aho a birnin Tampere a 1971. Ya karanci harshen Rasha da danginsa a Jami'ar Helsinki, inda ya sami digirin dakta a 2006. Kundin nasa a kan ƙirar sunaye ne a tsohon harshen coci na al'ummomin Silab, watau harshen da aka fara rubuta littattafan addinin Kirista da shi tun ƙarni na 9, wanda daga baya ya zama harshen ibada a Bulgariya da Sabiya da Rasha. Aiki ne na haƙuri, irin wanda mutum zai kwana a kan ɗafa-ƙeya guda yana neman asalinta, kuma ba a yarda masa da magana ko ɗaya sai ya kawo shaida. Mai karatu ya riƙe wannan, domin zai yi amfani nan gaba.

Tun 2003 ya fara wallafa ra'ayoyinsa a intanet a ƙarƙashin sunan Scripta. Jigonsu guda ne: wai ƙasashen Yamma suna nutsewa, kuma abin da ke nutsar da su shi ne baƙi, musamman musulmi da ƴan Afirka. Salonsa ya bambanta da na masu zagi a titi. Yana rubutu cikin natsuwa, da jimla mai tsari, da gatse mai sanyi, yana jera dalilai kamar mai warware lissafi a allo. Wannan salo shi ya tara masa masu karatu cikin matasa masu ilimi, waɗanda kunya za ta hana su bin ɗan iskan gari amma ba za ta hana su bin dakta ba.

A 2008 aka zaɓe shi a majalisar birnin Helsinki a jerin ƴan takarar jam'iyyar Perussuomalaiset, sunan da ke nufin Finawa na asali. An kafa jam'iyyar a 1995 a kan kufan wata tsohuwar jam'iyyar manoma, kuma a hannun shugabanta Timo Soini abin da ta fi sanuwa da shi shi ne kukan talakan karkara da adawa da Tarayyar Turai. Halla-aho da mabiyansa su suka shigo mata da wata damuwa ta daban, suka mai da batun baƙi ginshiƙin ɗaki.

Abin da ya rubuta

Tun da magana zarar bunu ce, ya kamata a faɗi abin da ya fita daga alƙalaminsa. A 2005 ya yi rubutu a kan darajar ɗan Adam, inda ya ƙaryata cewa mutane duka darajarsu ɗaya, ya ce darajar da ake iya aunawa ita ce ta amfanin mutum ga jama'a, saboda haka ana iya jera mutane wani sama da wani. A 2006 ya rubuta cewa tun da dai baƙi za su yi wa mata fyaɗe, to fatansa abin ya faɗa kan matan da ke goyon bayan shigowar baƙin. A watan Yuni na 2008 ya yi rubutun da ya kai shi kotu. A ciki ya jefi Annabi Muhammadu (S.A.W.) da addinin Musulunci da wani mummunan ƙazafi da bai kamata a maimaita shi a nan ba, sa'an nan ya ce ƙwacen masu wucewa da zaman cin kuɗin haraji ɗabi'ar ƴan Somaliya ce, mai yiwuwa ma a jininsu take.

Kotun farko ta Helsinki ta same shi da laifin keta alfarmar addini a 2009, ta ci shi tarar Yuro 330, amma ta wanke shi daga laifin tunzura jama'a. Kotun ɗaukaka ƙara ta bar hukuncin yadda yake a 2010. Kotun ƙoli ce, a 2012, ta haɗa masa laifin biyu, ta ɗaga tarar zuwa Yuro 400, kimanin jika 262 na kuɗin sefa. Martaninsa shi ne cewa hukuncin fahimtar wasu ƴan mutane ce kawai. A lokacin yana shugabantar kwamitin majalisa mai kula da harkokin cikin gida, har da ƴan sanda da shige da fice. Surutun da wannan raini ga kotu ya tayar shi ya sa ya ajiye shugabancin kwamitin.

Uzurin da ba ya karɓuwa

Magoya bayansa suna da amsa, kuma adalci ne a kawo ta da ƙarfinta. Sun ce rubutun 2008 tarko ne ya ɗana wa mai gabatar da ƙara na ƙasa, Mika Illman, wanda ma sunansa ke bisa kan rubutun. Jaridar Kaleva ta birnin Oulu ta taɓa rubuta cewa kisan kai cikin maye ɗabi'ar Finawa ce, watakila ma ta gado, kuma ba wanda aka hukunta. Shi kuwa Halla-aho, in ji su, jimlar ya ɗauka ya canza mata suna, don ya nuna cewa doka tana auna mutane da mudu biyu.

Wannan uzuri zai iya ruɗin kowa ban da malamin harshe. Ɗalibin da ya fara nazarin ma'ana ya san cewa jimla ɗaya ba magana ɗaya ba ce in mai faɗa da wanda aka faɗa wa sun canza. Zagin da Babarbare zai yi wa Bafillace a bakin rijiya a yi dariya a watse, in wani ya ɗauke shi ya hau mumbari da shi yana nufin gaske, sai an kai ga alƙali. Jaridar Finawa ta yi wa Finawa faɗa ne a cikin ɗakinsu, kuma babu Bafine ko ɗaya da ya rasa gidan haya ko aiki saboda wannan jimla. Ƴan Somaliya kuwa tsiraru ne da ba su kai kashi 1 cikin 100 na jama'ar ƙasar ba, ana gane su daga nesa, kuma ƴaƴansu ne za su shiga aji washegari su zauna kusa da yaran da suka ji maganar a gida. Dakta a ilimin harshe ba zai ce bai san wannan bambanci ba. Kotun ƙoli ma ba ta karɓi uzurin ba.

Amsa ta biyu ita ce ƴancin faɗin albarkacin baki. To, amma mai kare ƴancin magana ana gane shi ne ranar da maganar ba ta yi masa daɗi ba. A watan Satumba na 2011, lokacin da ma'aikatan ƙasar Girka ke yajin aiki da zanga-zanga saboda tsuke bakin aljihu, Halla-aho ya rubuta a Facebook cewa abin da Girka ke bukata shi ne mulkin soja da zai murƙushe masu yajin da tankokin yaƙi. Jam'iyyarsa da kanta ta dakatar da shi daga rukunin ƴan majalisarta na mako biyu. Ashe ƴancin na mai alƙalami ne a Helsinki, ban da ma'aikacin da aka zabge wa albashi a Atina.

Amsa ta uku ita ce mafi nauyi: wai ya faɗi abin da wasu ke tsoron faɗa. Gaskiya ne cewa kowace ƙasa tana da haƙƙin tattauna yawan baƙin da za ta iya ɗauka. Gaskiya ne cewa a 2015 masu neman mafaka fiye da 32,000, mafi yawansu daga Iraƙi, sun shiga ƙasar da jama'arta ba ta wuce miliyan biyar da rabi ba a lokacin, kuma hakan ya jijjiga hukumomi. Gaskiya ne kuma rashin aiki ya yi yawa cikin ƴan Somaliyar Finlanda. Sai dai aikin masani shi ne ya nemi dalili. Ƴan Somaliya sun fara isowa ne a 1990, ta hanyar Tarayyar Sobiyet, suna gudun yaƙin basasa, suka faɗo daidai lokacin da tattalin arzikin Finlanda ya durƙushe, har kusan mutum ɗaya cikin shida na ƴan ƙasar kansu ya rasa aiki. Daga baya wani masanin zamantakewa na Jami'ar Helsinki, Akhlaq Ahmad, ya aika takardun neman aiki 5,000 masu ƙwarewa iri ɗaya, sunaye kawai ya bambanta. Sakamakon da ya bayyana a 2019 ya nuna cewa cikin kowace takarda 1,000 mai sunan Finawa an kira 390, mai sunan ƴan Somaliya kuwa 99 kacal. Ga dalili a fili, wanda ake iya ƙirgawa. Mutumin da ba zai yarda a danganta ɗafa-ƙeya ɗaya ga wani tushe ba sai da shaida, shi ne ya tsallake tarihi da tattalin arziki da halin masu ɗaukar ma'aikata, ya nufi jini kai tsaye. Wanda ya san ƙa'idar bincike ya ajiye ta da gangan, laifinsa ya fi na wanda bai taɓa jin ta ba.

Ƙofar da aka rufe, aka kuma buɗe

Hukuncin kotu bai rage masa komai ba a akwatin zaɓe. A 2011 jam'iyyar ta tashi daga kujera 5 zuwa 39, shi ma ya shiga majalisa. A 2014 aka zaɓe shi a majalisar Turai. A 2015 jam'iyyar ta shiga gwamnatin Juha Sipilä, Soini ya zama ministan harkokin waje. A watan Yuni na 2017, a babban taron jam'iyyar a birnin Jyväskylä, aka zaɓi Halla-aho shugaba. Nan take firaminista Sipilä da ministan kuɗi Petteri Orpo suka ce ba za su yi mulki tare da jam'iyyar da yake jagoranta ba, saboda aƙidarsu game da mutuncin ɗan Adam ba ɗaya ba ce. Ƴan majalisa 20, har da Soini da dukan ministocin jam'iyyar, suka ɓalle suka kafa wani rukuni don gwamnati ta tsira.

Masu zaɓe suka yanke nasu hukuncin a 2019: waɗanda suka ɓalle ba su sami kujera ko ɗaya ba, jam'iyyar Halla-aho ta sami 39, kujera ɗaya tak tsakaninta da wadda ta zo ta farko. A 2021 ya sauka daga shugabanci, Riikka Purra ta gaje shi. A zaɓen Afrilu na 2023 jam'iyyar ta sami kujeru 46, kuma wanda ya kafa gwamnati da ita, ya miƙa mata ma'aikatun kuɗi da cikin gida da shari'a, shi ne dai Petteri Orpo ɗin nan na 2017. Me ya canza a cikin shekara shida? Rubuce-rubucen suna nan yadda suke, mai su bai barranta ba. Lissafin kujeru ne ya canza, sai aƙida ta bi shi.

Wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Gwamnatin ba ta yi mako biyu ba ministan tattalin arziki, Vilhelm Junnila, ya yi murabus, bayan an tono barkwancinsa da alamomin ƴan Nazi, da wata shawara da ya kai majalisa a 2019 cewa a ƙarfafa zubar da ciki a Afirka don kare yanayin duniya. A watan Yuli Purra da kanta, tana ministar kuɗi, ta nemi gafara a kan kalaman wariyar launin fata da ta rubuta a 2008, kuma a shafin Halla-aho ta rubuta su. Watau makarantar da ya buɗe ta yaye ɗalibai, ɗaliban sun zama ministoci. Bayan surutu sai doka ta biyo: an rage yawan ƴan gudun hijirar da ƙasar ke karɓa kowace shekara ta hannun Majalisar Ɗinkin Duniya daga 1,050 zuwa 500, an zabge kuɗin taimakon ƙasashe masu tasowa, kuma daga Oktoba na 2024 zaman da ake bukata kafin neman zama ɗan ƙasa ya tashi daga shekara 5 zuwa 8. A zaɓen shugaban ƙasa na Janairu 2024 Halla-aho ya zo na uku da kashi 19 cikin 100. Jam'iyyar ta faɗi ƙasa da kashi 8 a zaɓen majalisar Turai na 2024 da na ƙananan hukumomi na 2025, amma faɗuwar zaɓe ba ta soke dokar da aka riga aka sa wa hannu.

Tarihin da ya mance

Babban abin takaici shi ne, kishin ƙasar da Halla-aho ke magana da sunansa an haife shi ne daga raini irin wanda yake yi wa wasu. Finlanda ta yi ɗaruruwan shekaru ƙarƙashin sarautar Suwidin har 1809, sa'an nan ƙarƙashin sarkin Rasha har ta sami ƴancin kai ranar 6 ga Disamba 1917. A tsawon wannan zamani Suwidanci ne harshen kotu da ofis da jami'a, Financi kuwa harshen manomi ne da baran gida. Mikael Agricola ya fara rubuta shi a ƙarni na 16, da littafin koyon baƙaƙe da fassarar Sabon Alkawari ta 1548, amma bai zama harshen masu mulki ba. Sai a ƙarni na 19 wani likita, Elias Lönnrot, ya riƙa bin ƙauyuka yana rubuta waƙoƙin baka daga bakin tsofaffi, ya harhaɗa su a littafin Kalevala a 1835. Johan Vilhelm Snellman ya yi ta faɗa da alƙalami har sarkin Rasha Alexander na II ya sa hannu a dokar 1863, wadda ta buɗe wa Financi ƙofar ofisoshi. Da ƙasar ta sami kanta, tsarin mulkin 1919 ya ce harsunan ƙasa biyu ne, Financi da Suwidanci, bai rama wa tsirarun da suka taɓa danne shi ba. Jam'iyyar Halla-aho kuwa ta daɗe tana neman a daina wajabta koyon Suwidanci a makarantu, alhali kimanin kashi 5 cikin 100 na ƴan ƙasar shi ne harshen uwarsu.

Finawa kuma sun san ɗacin baƙunci. Yunwar 1866 zuwa 1868 ta kashe mutane fiye da 100,000. Daga shekarun 1870 zuwa 1930 fiye da mutum 300,000 suka haye teku zuwa Amurka da Kanada, suka shiga ramukan haƙar ma'adinai da dazuzzukan katako. A 1908, a jihar Minnesota, wani lauyan gwamnati ya nemi kotu ta hana wani Bafine mai suna John Svan da abokansa zama ƴan ƙasa, bisa hujjar cewa Finawa jinin Mongol ne, ba farar fata ba ne. Sai da alƙali ya yanke hukunci kafin a yarda da su. Maganar jini da Halla-aho ya jefi ƴan Somaliya da ita a 2008, an jefi kakanninsa da irinta shekara ɗari cif kafin nan.

A lokacin yaƙin duniya na biyu Finlanda ta tura ƴaƴanta fiye da 70,000 zuwa ƙasashen maƙwabta, akasari Suwidin, baƙi suka ci da su suka tufatar da su. Mutanen yankin Kareliya fiye da 400,000 suka bar gidajensu da Tarayyar Sobiyet ta karɓe yankin, aka sake tsugunar da su. A 1969 da 1970 kimanin mutum 40,000 ke ƙaura zuwa masana'antun Suwidin kowace shekara, har yawan jama'ar Finlanda ya ragu, kuma a can an yi musu tambarin mashaya masu faɗa da wuƙa. Musulunci ma ba baƙon jiya ba ne a ƙasar: Tatar musulmi ƴan kasuwa sun fara zama tun shekarun 1870, an yi wa jama'arsu rajista a 1925, ƴaƴansu sun yi yaƙi a rundunar Finlanda. Laifi tudu ne, in ji Hausawa, ka taka naka ka hango na wani. A nan kuwa har wahala ma ta zama tudu: an taka ta gida don a hango aibin wanda ke cikin irinta.

Darasin birnin Kiev

Akwai abu ɗaya da masu yabonsa ke kawowa wanda ba a musunsa. Tun da Rasha ta auka wa Yukiren a 2022, Halla-aho ya tsaya tsayin daka a bayan ƙasar da aka mamaye, saɓanin da yawa daga takwarorinsa na Turai da ke karkata ga Mosko. A watan Nuwamba na 2023 ya yi jawabi gaban majalisar dokokin Yukiren da harshen ƙasar, ƴan majalisa suka miƙe suna tafi. Kafin ƙarshen wannan shekara ƴan Yukiren fiye da 60,000 sun nemi kariya a Finlanda, kusan ninki biyu na masu neman mafakar 2015, kuma ba a ji jam'iyyarsa tana cewa jirgi zai nutse ba.

Wannan abin yabo ne, amma shaida ce a kansa. Ya nuna cewa mutumin ya san zafin yaƙi, ya san haƙƙin ƙaramar al'umma a gaban babba, ya san mai gudun hijira mutum ne. Ya san haka game da ƴan Yukiren domin ya zauna ya koyi harshensu, ya karanta tarihinsu da bakinsu. Matar da ta gudo daga Mogadishu a 1991 da wadda ta gudo daga Mariupol a 2022 abu ɗaya ya koro su. Ɗaya an saurare ta da harshenta, ɗayar an yanke mata hukunci daga nesa, da ƙididdigar ƴan sanda da zancen gado. Tausayin da ke tsayawa a iyakar launin fata da addini, son dangi ne kawai, kowa ma yana da shi.

Wanda ke biyan kuɗin wannan bambanci sananne ne. A rahoton da hukumar kare haƙƙin ɗan Adam ta Tarayyar Turai ta fitar a 2018 game da baƙar fata a ƙasashe 12, Finlanda ce ta zo kan gaba: kashi 63 cikin 100 na waɗanda aka tambaya sun ce an ci zarafinsu saboda launinsu cikin shekara biyar da suka gabata. Ba za a ɗora wannan duka a kan mutum ɗaya ba. Amma wanda ya share shekaru yana sa wa ƙiyayya rigar ilimi yana da kasonsa. Duk da haka ƴaƴan baƙin ba su zauna jiran izini ba. A 2021 Suldaan Said Ahmed ya zama haifaffen Somaliya na farko da ya shiga majalisar dokokin Finlanda, yana muhawara da Financi a zaure ɗaya da mutumin da ya ce ƙwace a jinin mutanensa yake.

Abin da ya rage ga malamai

Malaman da suka san tarihin makarantun gwaji, tun wadda aka buɗe a Damagaram a 1973, sun san irin faɗan da Lönnrot da Snellman suka yi, domin sun ga yadda ake raina yaro saboda harshen da ya sha a nono. Kundin sake gina ƙasa na 2025 ya ba Hausa matsayin harshen ƙasa a Nijar. Wannan shi ne irin lokacin da ya kamata a karanta labarin Finlanda har ƙarshensa, kada a tsaya a babin nasara. Harshen da aka raina jiya yana iya samun kujera yau, kuma daga ranar ne ake fara auna masu shi: yaya za su yi da ɗan Zabarma da ɗan Buzu da ɗan Tubu da ke bencin baya, da kuma ɗan baƙon da iyayensa suka zo cin rani?

Finlanda ta ba ɗanta makaranta mai kyau, ta koya masa harsuna, ta ba shi digiri mafi girma, kuma duk wannan bai hana shi rubuta abin da ya rubuta ba. Nahawu yana koya wa yaro yadda ake gina jimla, amma ba ya gaya masa a kan wa za ta faɗa. Wannan kashi na biyu aikin malami ne, kuma ba ya cikin jarrabawa. Malamin da ya ji ɗalibinsa mafi hazaƙa ya tsara kyakkyawar jimla yana cewa ƙabila kaza ɓarayi ne tun asali, ya ba shi maki saboda tsari ya wuce, ya san cewa haka aka fara a Helsinki, kuma tarar ba ta wuce Yuro 400 ba.